Kunne a Najeriya, ƙuri'a a Kamaru: kurakuran da muke maimaitawa duk zaɓen shugaban ƙasa

Duk wanda ya taɓa zama teburin mai shayi a Garwa ko Marwa lokacin siyasa ya san yadda musu yake kaurewa. Wani ya ce za a je zagaye na biyu, wani ya ce ai kotu za ta soke, wani kuma ya rantse wa'adin ya ƙare. In ka saurara da kyau sai ka tarar rabin abin da ake faɗa dokar Najeriya ce aka yafa wa Kamaru. Ba abin mamaki ba ne. Mun tashi da BBC Hausa da DW da Muryar Amurka a kunne, kuma labarin da ya fi yawa a cikinsu na Abuja ne da Kano. Da yawanmu mun fi sanin INEC ta Najeriya a kan ELECAM, hukumar zaɓen Kamaru, alhali ELECAM ce ke riƙe da sunayenmu. Kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi, mu kuwa kukan gidan maƙwabta muka haddace, shi ya sa ranar zaɓe muke tuntuɓe a wuraren da bai kamata ba.

Shekara 18 ba ta isa ba

A Najeriya da Chadi mai shekara 18 yana jefa ƙuri'a. A Kamaru sai ka cika 20. Na sha ganin samari sun gama cika baki a unguwa, sun je wurin rajista an dawo da su, sun koma suna cewa an hana su ne don an san wanda za su zaɓa. Dokar ce haka, kuma ta shafi ɗan kowa.

Babban kuskuren ma bai kai ga shekaru ba, yana can wajen takarda. Rajistar zaɓe tana buƙatar katin ɗan ƙasa, katin ɗan ƙasa kuma yana buƙatar takardar haihuwa. A nan ne arewa take zubar da ƙuri'unta tun kafin a buga gangar siyasa. Yaro an haife shi a gida, an yi suna, an yanka rago, an ci an watse, ba wanda ya taka zuwa ofishin magajin gari. Sai ya kai shekara ashirin a gane ba shi da wata shaida a hannun hukuma. In lokacin yin rajistar haihuwa ya wuce, sai an bi ta kotu ta ba da hukuncin da zai maye gurbin takardar, da shaidu da zirga-zirga da ɗan abin kashewa. Wannan ba aikin mako biyu kafin zaɓe ba ne. Mai gidan da yake son iyalinsa su yi zaɓe, daga nan zai fara, kuma ya haɗa da mata da 'yan mata, don su aka fi bari a baya.

Sai lokacin rajistar kanta. Mutane suna jira sai sun ga motocin kamfe da lasifika kafin su tuna da ita. A ƙa'ida ana buɗe ta daga 1 ga Janairu zuwa 31 ga Agusta kowace shekara, amma a shekarar zaɓe tana tsayawa ranar da shugaban ƙasa ya sa hannu a dokar da ta tsayar da ranar zaɓen. A 2025 an sa hannun ne 11 ga Yuli, zaɓe kuma 12 ga Oktoba. Wanda ya ce bari sai watan takwas, ya tarar an rufe ƙofa. Shi kuwa kamfe mako biyu ne kacal kafin ranar zaɓe, lokacin da aikin gama ya riga ya gama.

Wani abin da ke cin 'yan kasuwarmu shi ne sauyin wuri. Mutum ya yi rajista a Ngaundere, sana'a ta mai da shi unguwar Birkitari a Yawunde ko Duwala, ya ɗauka katin zai yi masa aiki ko'ina. Sunanka yana rumfa ɗaya ne tak. Ko dai ka sa a mai da shi inda kake zaune lokacin da rajista take buɗe, ko ka tanadi kuɗin jirgin ƙasa.

A cikin rumfa: babu dangwale a kan takarda

Wannan shi ne wurin da na fi jin takaici, don mutum ya bi layi cikin rana, ya yi duk abin da ake so, sannan ya lalata ƙuri'arsa da hannunsa. A Najeriya takarda ɗaya ce mai alamomin jam'iyyu, ka dangwala yatsa a gaban wadda kake so. A nan kowane ɗan takara da takardarsa daban. A 2025 'yan takara 12 ne, wato takardu 12 da ambulan ɗaya. Kana ɗaukar kowacce, ka shiga bayan labule, ka sa guda ɗaya a ambulan, sauran ka zuba a kwandon da aka ajiye, ka fito ka jefa ambulan a akwati. Yatsa yana zuwa ne daga baya, a kan rajista da kuma tawadar da ke nuna ka riga ka yi.

Abin da ke kashe ƙuri'a sananne ne. Rubutu ko wata alama a kan takardar, takardun mutum biyu daban a ambulan ɗaya, ko jefa takarda tsirara ba ambulan. Wata shekara na tsaya kallon ƙidaya a wata makarantar firamare, aka buɗe ambulan aka sami takardu biyu, ɗaya ta mai mulki ɗaya ta ɗan adawa. Wani dattijo a bayana ya ce, "Wannan ya ci na kowa ne, yana son ya fita haƙƙin kowa." Aka yi dariya, aka ajiye ta cikin lalatattu. Bai fita haƙƙin kowa ba, har da kansa.

Tsarin takardu da yawa yana da wata ƙofa da masu sayen ƙuri'a suka daɗe da ganowa: a ce ka fito da sauran takardun a aljihu don a ga wadda babu, sannan a biya ka. Dalili ke nan da 'yan adawa suka daɗe suna neman a koma takarda ɗaya. In wani ya ce ka kawo masa ragowar, ka san abin da yake saye. Atamfa mai hoton ɗan takara da sabulu da ɗan buhun shinkafa ba sa bin ka bayan labule, amma takardun da ka cusa a aljihu suna fitowa tare da kai.

Kada kuma rashin kati a hannu ya zaunar da kai gida in ka san ka yi rajista. Katunan da masu su ba su karɓa ba ana kai su rumfunan zaɓe. Ɗauki katin ɗan ƙasa ka je ka duba sunanka. Ana buɗewa ƙarfe takwas na safe, a rufe shida na yamma.

Zagaye ɗaya ne

"A bari a je zagaye na biyu, a nan za mu haɗu." Wannan magana ta Nijar ce da Chadi. A Kamaru wanda ya fi kowa ƙuri'a ya ci, ko da bai kai rabi ba, kuma babu sharaɗin kashi 25 a jihohi irin na Najeriya. Zaɓen 1992, na farko da jam'iyyu da yawa suka shiga, ya isa darasi. Paul Biya ya sami kusan kashi 40, John Fru Ndi kusan 36, Bello Bouba Maigari kusan 19. Ko yaron da ke aji uku zai haɗa na biyu da na uku ya ga inda lissafin ya nufa. Duk haɗin kan da za a yi, kafin zaɓe ake yin sa, kuma da wuri.

Na ce da wuri ne saboda wani kuskuren da ke biye. In ɗan takara ya janye ya ce a zaɓi wane, mutane suna zaton ƙuri'unsa za su koma wa wanen. Ba sa komawa. A 2018 Akere Muna ya janye wa Maurice Kamto ana saura kwana biyu, amma takardunsa suna nan a rumfuna, waɗanda suka sa su a ambulan kuma shi aka ƙirga wa. In naka ya janye, takardar wanda ya mara wa baya za ka ɗauka.

Sakamakon waya da sakamakon doka

Daren zaɓe wayoyi suna cika da hotunan allo da alli: rumfa kaza, wane ɗari uku, wane arba'in. Yawancinsu na gaskiya ne, don ana ƙidaya a fili a cikin rumfar da zarar an rufe, kowa yana iya tsayawa ya gani. Kuskuren shi ne ɗaukar unguwarka a matsayin ƙasa. Kamaru yankuna goma ce, uku ne kawai a arewa. Abin da Garwa ta yi ba shi ne abin da Ebolowa ta can kudu ta yi ba. Sannan cikin hotunan akwai na shekarun baya da na ƙarya, kuma mai turawa ba ya tambaya.

A doka Majalisar Tsarin Mulki ce kaɗai ke bayyana sakamako, cikin kwana 15 bayan zaɓe. ELECAM ma ba ta da wannan hurumin. Sau biyu a jere ɗan takara ya riga majalisar magana. Kamto ya ce shi ya ci washegarin zaɓen 7 ga Oktoba 2018, majalisa ta ba Biya kashi 71.28, shi kuma 14.23. Issa Tchiroma Bakary, ɗan Garwa, ya yi irin wannan shela a 2025, majalisa ta fito ranar 27 ga Oktoba ta ce Biya 53.66, Tchiroma 35.19. Tchiroma bai yarda ba, aka yi zanga-zanga a Garwa da Duwala da wasu garuruwa, aka rasa rayuka. Ban zo raba gardamar wa ya ci ba. Abin da nake so a lura da shi shi ne inda hujja take zama.

Tana cikin takardar sakamakon rumfa, wadda 'yan siyasa ke kira PV. Wakilin kowane ɗan takara yana sa hannu, a ba shi kofi. Jam'iyyar da ba ta da wakili a rumfa ba ta da abin nunawa, komai yawan mutanen da suka cika mata fili ranar gangami. Wakilin da ya tafi sallar magariba bai bar kowa a madadinsa ba, ko ya sa hannu a takardar da ba a cike ba don yana sauri, ya yi wa jam'iyyarsa ɓarnar da abokin hamayya bai yi mata ba. Kuma a sani, in aka sami saɓani, dokar ta fifita kofin da ke hannun ELECAM. Wannan tanadi yana cikin abubuwan da 'yan adawa suka fi kuka da su, ni ma ina ganin kukan yana da tushe. Amma shi ne ma ya sa in wakili yana da ƙorafi, ya nace a rubuta shi a cikin takardar tun a rumfa.

Shigar da ƙara gaban Majalisar Tsarin Mulki kuma cikin awa 72 ne bayan rufe zaɓe, wato tun kafin a faɗi sakamako. Wanda ya saba da Najeriya, inda ake jira a bayyana wanda ya ci sannan a kwashe watanni daga kotu zuwa kotu, zai ce bari mu ji tukuna. Kafin ya ji, lokaci ya wuce. Hukuncin majalisar kuma ba a ɗaukaka shi ko'ina.

"Ai wa'adinsa ya ƙare"

Shekara huɗu sau biyu ta Najeriya ce da Amurka. Tsarin mulkin Kamaru na 1996 ya mai da wa'adin shugaban ƙasa shekara bakwai, a sabunta sau ɗaya, sai gyaran Afrilun 2008 ya cire iyakar. Biya ya karɓi mulki 6 ga Nuwamba 1982 bayan Ahmadu Ahijo ya sauka da kansa, an kuma rantsar da shi a wa'adi na takwas 6 ga Nuwamba 2025. Mutum yana iya ƙin wannan tsari, da yawa sun ƙi shi, amma mai cewa doka ta hana yana musu ne da takardar da aka sauya tun 2008. 'Yan'uwanmu na Kuseri da ke tsallaka gada zuwa Njamena kullum, su ma su sabunta abin da suka sani: Mahamat Idriss Deby ya ci zaɓen Chadi na 6 ga Mayu 2024 a kan wa'adin shekara biyar, amma a Oktoban 2025 an mai da shi bakwai ba iyaka.

Akwai kuma raina ƙananan zaɓuɓɓuka. Mutane suna cewa na kansiloli da 'yan majalisa ba shi da amfani, na shugaban ƙasa ne zaɓe. Amma jam'iyya ba ta tsayar da ɗan takarar shugaban ƙasa sai tana da zaɓaɓɓe a majalisar dokoki, ko ta dattawa, ko ta yanki, ko ta gari. In babu, sai ɗan takara ya nemo sa hannun manyan mutane 300, talatin daga kowane yanki, ban da ajiyar sefa miliyan 30 da ke kan kowa. Jam'iyyar MRC ta Kamto ta ƙaurace wa zaɓen Fabrairun 2020, ta wayi gari ba ta da kansila ko ɗaya. Da 2025 ta zo sai ya nemi inuwar jam'iyyar MANIDEM, aka ce jam'iyyar ta gabatar da mutum biyu, aka cire sunansa. Mutumin da ya zo na biyu a 2018 bai sami ko takarda a rumfa ba, kuma zaren abin ya faro ne daga kujerun kansila da aka bari shekara biyar kafin nan.