Kurakuran da sabon mai kallon ƙwallon jami'o'in Amurka ke yi, da kakar Auburn ta 2013

Wanda ya tashi da kallon Firimiya, ranar da ya fara bin ƙwallon Amurka ta jami'o'i, da idon ƙwallon ƙafa yake kallonta, kuma daga nan kurakuran ke farawa. Kakar da Jami'ar Auburn ta jihar Alabama ta buga a 2013 ta isa ta gyara masa yawancinsu.

Na farko shi ne yanke wa ƙungiya hukunci da sakamakon bara. A 2012 Auburn ta ci wasa uku kacal, aka doke ta sau tara. Shekara na zagayowa sai ga ta a wasan ƙarshe na ƙasa. 'Yan wasan ɗalibai ne, kowace shekara wasu na kammalawa wasu na shigowa. Kafin ka raina ƙungiya, duba koci da mai jefa ƙwallo. Auburn ta sauya duka biyun, ta kawo Gus Malzahn da Nick Marshall.

Sai lissafin maki. Mutum ya ga 37 da 17 ya kashe talabijin, alhali kai ƙwallo ƙarshen fili sau ɗaya maki shida ne, bugun da ke biyo baya ya cika bakwai. Ka riƙa raba tazarar da bakwai: ashirin ci uku ne. Haka aka yi ranar 16 ga Nuwamba, ƙungiyar Jami'ar Jojiya da Auburn ke gaba da ita da 37 da 17 ta taso ta koma gaba da 38 da 37, saura minti ɗaya da daƙiƙa 49. Nan ma wani zai miƙe, domin bai san agogo na tsayawa ba duk lokacin da jifa ta faɗi ƙasa, kuma kowace ƙungiya na da damar tsayar da shi sau uku a kowane rabi. Marshall ya yi wata doguwar jifa a damarsa ta ƙarshe, masu tsaron bayan Jojiya biyu suka yi tsalle tare, ƙwallo ta taɓa hannun ɗayansu ta faɗa hannun ɗan wasan Auburn Ricardo Louis, ya kai ta ƙarshen fili. Aka tashi Auburn 43, Jojiya 38. Har yau abin na yi mini ciwo saboda yaran nan, domin da sun buge ƙwallon ƙasa kawai, da wasa ya zama nasu.

Kuskuren da ya fi yawa shi ne zaton bugun da bai shiga raga ba ya mutu. Idan bai fita fili ba, ana iya cafe shi a ruga da shi. Mako biyu bayan na Jojiya, ƙungiyar Jami'ar Alabama mai riƙe da kambu ta zo Auburn. Ana 28 da 28 lokaci ya ƙare, sai alkalai suka duba bidiyo suka mayar da daƙiƙa ɗaya kan agogo. Alabama ta gwada bugun raga daga nisan yadi 57, ƙwallo ta gaza kaiwa, Chris Davis na Auburn da aka ajiye a can baya ya cafe ta ya zura da gudu yadi 109 har ƙarshen fili, Auburn ta ci wasan. Yawancin waɗanda Alabama ta jera a fili ƙarti ne masu tare gaba, ba masu gudu ba. Don haka idan za a yi bugu mai nisa, ka kai idonka ƙarƙashin raga ka ga ko akwai wanda ke jira.

Kada kuma ka ce duk sa'a ce. A kakar babu ƙungiyar da ta kai Auburn cin fili da gudu, fiye da yadi 300 a kowane wasa idan aka daidaita. A wasan ƙarshe a Pasadena, ranar 6 ga Janairun 2014, ita ce ta yi gaba da 21 da 3, abokiyar karawarta Florida State ta farke, ta ci 34 da 31 ana saura daƙiƙa 13.