Darasi na 9: Idan An Kai Ka Ƙara Kan Kuɗin Kaya

A ce ka ɗauki buhun sukari 20 bashi a kasuwar Singa, ka biya wani abu, saura ya tsaya. Wata rana sai ga ma'aikacin kotu da sammaci. Karɓa. Ƙin karɓa ba ya kashe ƙara.

Babbar kotu tana da wata gajeriyar hanya ta ƙarar bashi, idan kuɗin sanannen adadi ne. Mai kaya zai rubuta takardar rantsuwa cewa yana bin ka kaza, kuma a ganinsa ba ka da ta cewa. Sai a sa ƙarar cikin jerin waɗanda ba a sa ran wanda ake ƙara zai musa. Idan ka yi shiru, alƙali zai iya yanke hukunci ba tare da an kira shaida ko ɗaya ba. Amma doka ta ba ka damar musawa. Ga yadda ake yi.

Mataki na 1: Nemo ranar zama

Buɗe takardar. Nemo kwanan watan da aka sa za a zauna. Ɗora yatsanka a kai. Idan an rubuta 20/5, lamba ta farko rana ce, ta biyu wata: 20 ga Mayu. In karatun ya gagara, ba abin kunya ba ne, ɗanka ko maƙwabci ya karanta maka. A ranar da ta zo, ba gobe ba.

Mataki na 2: Ƙirga kwana baya

A nan mutane suke faɗuwa, don haka mu bi a hankali. A ƙa'idar babbar kotun wasu jihohin Arewa, sai ka shigar da takardun kare kanka a kotu kwana biyar kafin ranar zama. Kafin. Ba ranar zama ba, ba kuma kwana biyar bayanta ba.

Ɗauko kalanda. Sa yatsa a kan 20. Koma baya: 19, 18, 17, 16, 15. Waɗannan biyar ɗin ba naka ba ne. To kada takardarka ta wuce 14 ga wata. Madalla. Sake yi. Zama 12 ga wata: 11, 10, 9, 8, 7. Kada ta wuce 6. Ka ga ba wuya.

Duk da haka kada ka jira ranar ƙarshe. Asabar da Lahadi ba a aiki, rajistara, wato mai karɓar takardu a kotu, shi ma yakan fita. Ka tambaye shi tun farko kwana nawa kotunsu ta ƙayyade.

Malamai da Hajiyoyi, bari in faɗa muku gaskiya. Na ga dattijo da furfurarsa ya ninke sammaci ya cusa ƙarƙashin katifa, wai ranar zama zai je ya yi wa alƙali bayani da bakinsa. Ya sa babbar riga, ya ɗauko shaidu biyu a Keke Napep, ba wanda aka ba dama ya yi tari. Wannan ba kotun unguwa ba ce. Takarda ake dubawa, kuma kwana biyar kafin zama. Sau nawa zan faɗa?

Mataki na 3: Takardu biyu

Ta farko sanarwa ce cewa za ka kare kanka. Ta biyu takardar rantsuwa ce, a gaban jami'in rantsuwa na kotu. "Ba ya bi na komai" kawai ba ta isa ba. Faɗi dalili dalla-dalla: buhu 15 aka sauke ba 20 ba, ko biyar sun jiƙe na mayar, ko na tura kuɗi ran kaza. Haɗa da rasit da shaidar banki. Abin da ka san ana bin ka, kada ka musa. Rantsuwar ƙarya laifi ce. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya tuntuɓi ofishin hukumar agajin shari'a ta tarayya da ke jiharsa.

Mataki na 4: Ranar zama

Ka je da wuri. Idan alƙali ya ga dalilinka na da ƙarfi, zai mayar da ƙarar layin sauran ƙararraki, kowa ya kawo shaidunsa.

Aikin gida

An sa zama 25 ga wata. Rubuta ranar ƙarshe ta shigar da takarda.