Yadda ake aikin cika wuri a bayan jarumai a fim mai dogon zango

Masu sayayya a kasuwa, ƴan biki, marasa lafiya a layin asibiti: duk da irinsu ake cika sin, wato kowace fitowa a cikin fim. Mai son shiga a nan Maradi ya nemi mataimakin darakta, don shi ke tara mutane, ya ba shi lambar waya da hoto na kwanan nan. A tsayar da kuɗin yini kafin a kunna kamara, a kuma ji ko akwai abinci da kuɗin mota.

Ka zo da kaya kala 2 ko 3. Guji fari tas da mai siraran layuka, na farko yana ƙwace haske, na biyu yana rawa a allo.

In an fara ɗauka, motsa baki kamar kana hira amma kada sauti ya fita, domin makirufo na kamo muryar jarumai ne. Kada ka kalli kamara. Kashe waya.

Inda aka fi kuskure shi ne maimaici. Ana ɗaukar sin ɗaya sau da dama daga kusurwa daban-daban, wani lokaci a ƙarasa washegari. In kofi na hannun dama ɗazu, ya koma dama. Hula ta zauna yadda take, mayafi ma haka. In ka sauya, wurin haɗa hoto sai a ga ka yi tsalle, dole a yanke wurin da ka fito.

Jira ya fi aikin yawa, musamman a zafin Afrilu, saboda haka riƙe ruwa. In kiran daga Kano ne, ka bi ta Ɗan Isa da katin shaidarka a aljihu.