Yadda Ake Ƙulla Dambun Nama A Roba Da Manna Masa Sitika

Masu fara sayar da dambun nama a roba kusan wuri ɗaya suke yin tuntuɓe: sai su kashe kuɗi a kan sitika mai ƙyalli tun ba su san kwana nawa kayansu ke yi ba. Ni ma haka na yi. Roba arba'in na kai wani kanti, kafin sati biyu aka dawo mini da su, fumfuna ta yi fari a ƙarƙashin murfi.

Wanke hannu, ɗaurin kai da yanke farce, na ɗauka kin san wannan. Mu tafi inda aka fi asara.

Da farko, ki soya dambun har ya bushe, ya daina manne wa ludayi. Sannan ki baza shi a babban faranti, ki rufa da rariya saboda ƙuda, ki bar shi ya huce sarai. Abin da ya ci ni ke nan: na rufe shi da sauran ɗumi saboda mai Keke Napep na jira a waje. Tururin ya taru a murfi, ya zama raɓa, ya ɗiga cikin naman. Ɗigo kaɗan ya ishi fumfuna. Ki tura bayan cokali mai tsabta tsakiyar tulin ki taɓa shi, in akwai ɗumi ko yaya, ki ƙara jira. Robar ma ta bushe ƙarau. Kuma sabuwa za ki saya, ban yarda da robar da aka taɓa amfani da ita ba, komai arharta.

Sai maganar kwanan watan ƙarewar wa'adi. Kada ki kwafi na wata. Ki ware roba huɗu daga suya ɗaya, ki ajiye a ɗaki mai zafi irin na kanti, ki riƙa buɗe ɗaya duk sati kina duba launi da warin mai. Ki yi wannan gwajin da damina, domin bushewar hunturu ruɗin mutum take yi. In ya fara sauyawa a sati na huɗu, kada wa'adinki ya wuce sati biyu. Hanci ba ya jin ƙwayar cuta, shi ya sa gwajin ɗakin bincike ya fi naki ƙarfi.

Yanzu ne za ki je wajen mai buga sitika. Dokar NAFDAC, hukumar kula da ingancin abinci da magunguna, ta abincin da aka ƙulla tana son a ga sunan abincin, kayan haɗi daga mafi yawa zuwa mafi ƙanƙanta, nauyinsa da giram, sunanki na kasuwanci da adireshi, ranar da aka yi shi, ranar ƙarewar wa'adi, lambar rukuni (wato lambar da ke bambanta kowace suya), da yadda za a adana shi. Da Turanci za a rubuta, in kin so ki ƙara Hausa. In da man gyaɗa kika soya, ko akwai ƙuli-ƙuli a yajin, ki rubuta gyaɗa ɓaro-ɓaro, akwai waɗanda jikinsu ba ya ɗaukarta har ta kai su asibiti. Ki bar gurbin kwanan wata fili ki riƙa buga hatimi, ya fi sauƙi a kan sabon bugu kowace suya. Lambar rukuni kuwa ki rubuta ta a littafi tare da ranar suya da inda kika kai kayan, in matsala ta taso kin san waɗanda za ki janye.

Lambar rajistar NAFDAC da ake sawa a sitika ba a aro. Ki yi rajistar suna a CAC, hukumar rajistar kasuwanci, ki nemi lambar ta NAPAMS, shafin intanet na NAFDAC, za su zo su duba wurin aikin da kika ware.

Ajiya kuma a kan katako, nesa da bango da rana, nesa da kalanzir, sabulu da maganin sauro. Wanda aka fara yi shi zai fara fita. Ɗanyen nama yana can ƙasan firji, sanyi ƙasa da digiri 5, in wuta ba ta da tabbas a unguwarku ki sayo naman da safe ki dafa shi a ranar.