Yadda ake haɗa shirin barkwanci na talabijin a Bauchi

Kafin ka ɗora alƙalami a takarda, ka san lokacin da tasha za ta ba ka. Shirin rabin awa a BATV ko NTA Bauchi, idan an cire talla da kiɗan buɗewa, abin da ke saura minti 24 zuwa 26 ne. Shafi ɗaya yakan ci kamar minti ɗaya, don haka kashi guda shafi 25 ne, a raba shi fitowa 8 zuwa 10. Tasha kuma da kwata take lissafi, wato mako 13. Kada ka tunkare ta sai kana da labari 13 a hannu.

'Yan wasa na dindindin kada su wuce biyar, kowa da abin da yake so da kuma halin da ke hana shi samu. A ce mai shayi ne a bakin kasuwar Wunti, ya rantse ya daina ba da bashi, amma ba ya iya jure kirari. Mutum na farko ya zo ya wasa shi, ya sha shayi bashi. Na biyu ma haka. Na uku ya buɗe baki ke nan, sai ga mai shayi ya toshe kunne da auduga. Sau biyu ake kafa abu, a na uku a karya shi, nan dariyar take. Kalmar da ke ɗauke da dariya kuwa a ƙarshen jimla ake ajiye ta.

Abin da ya fi kashe shirye-shiryenmu shi ne a ce wa 'yan wasa "ku dai yi kawai". Sai su riƙa hawa kan maganar juna, mai tacewa ya rasa inda zai yanka, fitowar minti 2 ta koma 7. A zauna a karanta rubutun da baki tun kafin ranar ɗauka, duk layin da bai motsa kowa ba a soke shi. Wanda ya ƙirƙiro magana mai daɗi a wurin gwaji, a rubuta ta nan take.

Mai kallo zai haƙura da hoto mai duhu, amma ba zai haƙura da sauti mara kyau ba. A maƙala wa kowa makirfo a wuyan riga, a kai janareta nesa da doguwar waya, a dakata idan keke napep zai wuce. A ɗauki duk fitowar wuri ɗaya a rana ɗaya, a kuma sa mutum guda ya riƙa amfani da wayar hannu yana ɗaukar hoton suturar 'yan wasa, kada hula ta sauya a tsakiyar zance.

Wasan Fulani da Barebari ko na kaka da jika gado ne, kowa ya san shi. Amma Bauchi gari ne mai ƙabilu da addinai, ba'a ga addini ko naƙasa tana iya jawo wa tasha hukuncin NBC, hukumar da ke kula da gidajen rediyo da talabijin.

Furodusa ya fara haɗa kashi ɗaya na gwaji ya kai wa masu ɗaukar nauyi. Yarjejeniya da tasha ta zama a rubuce: wa ya mallaki shirin, sau nawa za a maimaita shi, nawa ne kason talla, kuma wa ke da ikon ɗora shi a YouTube.