Yadda ake neman diyya bayan hatsarin mota a Abuja

Doka ta wajabta wa duk motar da ke hawa titi a Najeriya inshorar ɓangare na uku, wato wadda ke biyan mutumin da motar ta yi wa ɓarna. Tun daga watan Janairun 2023 kuɗinta ya koma naira 15,000 a shekara ga motar gida, kuma tana biyan asarar dukiya har naira miliyan 3. Wannan iyakar ta dukiya ce, ba ta shafi rauni ko rai ba. Sai dai da yawan waɗanda aka buge ba sa samun ko sisi, domin shaidar da ake bukata takan salwanta tun a ranar hatsarin.

Lafiya ce farko. A kira 122, lambar gaggawa ta Hukumar Kiyaye Haɗurra, a garzaya da wanda ya ji rauni asibiti, ko Asibitin Ƙasa ne, ko na koyarwa da ke Gwagwalada, ko mafi kusa. Dokar lafiya ta 2014 ta hana asibiti ƙin karɓar mai bukatar kulawar gaggawa. Amma a bar mutum ɗaya a wurin ya ɗauki hoton lambar motar, da yadda motocin suka tsaya, da sawun birki, ya kuma karɓi lambar wayar mutum biyu da suka gani da idonsu. Da zarar an janye motoci don buɗe hanya, kamar yadda ake yi nan take a titin Kubwa, wannan shaidar ta tafi.

Daga nan a kai rahoto sashen kula da haɗurran ababen hawa na ofishin 'yan sandan yankin, a tabbatar sun zana taswirar wurin, an kuma duba lafiyar motar. A lura da iyaka: hatsarin Nyanya na Abuja ne, na Mararaba kuwa na jihar Nasarawa ne.

A duba ko inshorar motar ta gaske ce, don jabu ta yi yawa. Ana shigar da lambar motar a shafin askniid.org, zai nuna sunan kamfanin da ranar ƙarewar wa'adi. In ta tabbata, a rubuta wa kamfanin takarda tun kafin a yi maganar kotu, a ajiye kwafin da suka buga wa hatimi. In jabu ce ko ta ƙare, haƙƙin bai faɗi ba, yana kan direba, da kuma mai motar idan direban yana bakin aikinsa ne.

Inda aka fi yin asara shi ne wajen takardu. Kotu na raba diyya gida biyu. Akwai kuɗin da aka kashe ko aka rasa: magani, hoton ƙashi, tiyata, sanduna, kuɗin mota zuwa asibiti, da albashi ko cinikin da jinya ta hana. Wannan sai an kawo shaidar kowane ɗaya, saboda haka a adana kowane rasit, har na kantin magani. Ɗan kasuwa ya tanadi littafin cinikinsa ko bayanan banki. Sai kuma diyyar raɗaɗi da nakasa, wadda alƙali ke ƙiyastawa bisa rahoton likita. Shi ya sa ɗauke mai karaya daga asibiti zuwa wajen mai ɗori ke jawo asara biyu: ba rasit, ba rahoto, kuma ɗaya ɓangaren zai ce ɗorin ne ya lalata ƙafar. Haka nan ana rage diyya idan wanda ya ji raunin yana da nasa sakacin, kamar rashin hular kwano a kan babur.

Sulhu abu ne mai kyau, amma ba a gadon asibiti ba. Dangin direba kan zo da dattawa da ɗan kuɗi a ambulan, a ce ƙaddara ce, a sa hannu a takarda. Bayan wata biyu likita ya ce sai an sa ƙarfe a cinya, ga takarda ta ce an gama magana. A karɓi gudummawar jinya a rubuta cewa ta jinya ce kawai, a jinkirta sulhun ƙarshe har sai likita ya faɗi matsayin raunin.

Kada a yi jinkiri, musamman in motar hukuma ce, domin dokar kare jami'an gwamnati wata 3 kacal ta bayar a shigar da ƙara. Wanda ba shi da halin ɗaukar lauya ya je Hukumar Ba da Agajin Shari'a ta Ƙasa, tana karɓar ƙararrakin haɗurra. Idan kamfanin inshora ya yi ta jan ƙafa, a kai ƙorafi a rubuce ofishin NAICOM, hukumar da ke sa ido kan kamfanonin inshora, da ke Garki. Ma'aikacin da hatsarin ya same shi a hanyar zuwa aiki ko dawowa yana da wata ƙofar a NSITF, asusun gwamnati da ke biyan diyya ga ma'aikatan da suka ji rauni, ƙarƙashin dokar diyyar ma'aikata ta 2010, sai ya sanar da wurin aikinsa da wuri domin su ne ke miƙa rahoton.