Yadda Nake Tsara Harsashin Gini Mai Sauya Siffa a Labarin Almara

A rubutun farko na labarina akwai wata fada da ke miƙa hasumiya idan maƙiya sun tunkaro, ta naɗe ta idan an samu lafiya. A dare ɗaya na sa ta tashi har sau uku. Wata da ta karanta min ta ajiye takardun ta ce, "To wa ya ɗaga ta?" Na ce sihiri. Ta ce sihirin ba ya gajiya ne? Tambayar ta tsaya min a rai, domin gaskiya ta faɗa. Tun daga ranar, duk ginin da zai motsa a duniyar da nake ƙagawa, daga ƙarƙashin ƙasa nake fara shi.

Fara da awo. Ɗaga tan 1 zuwa tsayin mita 1 yana cin kimanin jul 9,800 (jul ma'aunin ƙarfin aiki ne). Zauren da ke saman hasumiyata na ba shi nauyin tan 500, kuma yana hawa mita 20, wato jul miliyan 98 ke nan, kusan yunit 27 na lantarki. Ƙato mai aikin ƙarfi, in ya yini awa 8 yana juya inji da hannu, abin da zai bayar bai wuce yunit 0.6 ba. Ashe tashi ɗaya na hasumiyar gumin mutum 45 ne na yini guda. Mai karatu ba zai ga lissafin nan ba, amma ni da na gan shi na daina ɗaga hasumiya don ado.

Sai ka zaɓi abin da harsashin zai adana ƙarfin a ciki. Ni dai nauyi na fi so, domin ido yana ganinsa. Na haƙa rijiya mai zurfi a ƙarƙashin fadar, na rataye wani ƙaton dutse da sarƙoƙi. Kullum ana jan dutsen sama kaɗan-kaɗan, da iska ko da ruwan kogi ko da sihirin da masu tsaron rijiyar ke zubawa. Ranar buƙata a zare sakata, dutse ya gangara, hasumiya ta hau. Wannan dabara ba ƙirƙirata ba ce. Gadar Tower Bridge ta Landan, da aka buɗe a 1894, haka ta yi aiki shekara da shekaru: injinan tururi suna tura ruwa cikin wasu manyan tukwane guda 6 da aka danne da nauyi, ƙarfin yana taruwa a hankali, in jirgi ya zo a sake shi, ɓangarorin gadar biyu masu nauyin sama da tan 1,000 kowanne su ɗaga cikin kamar minti ɗaya. Sai a 1976 aka koma lantarki da mai. Tarawa a hankali da kashewa a lokaci guda, shi ne abin da harsashinka zai kwaikwaya. In ka fi son dutse mai haske da ke shan rana, babu laifi, amma ka yanke masa iyakar cikinsa da tsawon kwanakin da yake ɗauka kafin ya cika.

Ga inda na fi jin daɗin aikin. Kada ka bar wani sashe ya sauka a banza. Duk abin da ya sauko yana sakin ƙarfin da aka kashe wajen ɗaga shi, kamar guga biyu a igiya ɗaya, mai sauka yana jan mai hawa. A Sukotilan akwai Falkirk Wheel, wani ƙaton gargare da aka buɗe a 2002, yana ɗaga jiragen ruwa mita 24. Yana da kwami biyu na ruwa da jiragen ke shiga, na sama da na ƙasa nauyinsu ɗaya ne, shi ya sa rabin juyi ba ya cin fiye da kimanin yunit 1.5. Da na fahimci haka sai na sake fasalin fadar gaba ɗaya. Yanzu idan hasumiya za ta hau, ɗakin karatu ne ke nutsewa ƙasa. Nan take labari ya samu rigima: malaman da ke cikin ɗakin suna ƙin jinin duk wani shirin yaƙi, domin su ake binnewa cikin duhu da danshi har sai an janye.

Ka kuma bar asara ta fito fili. Abin da aka zuba ba ya dawowa cif, gogayyar sarƙa da ƙarfe tana mai da wani kaso zafi. Don haka bayan kowane sauyi, daɓen ɗakunan ƙasa a fadata yana ɗumi har a kasa taka shi ba takalmi, ƙura tana zubowa daga rufi, ruwan da ke cikin kofi yana rawa. Yarinyar da ke zuba wa sarƙoƙin mai tana ɗora kunne a kan ginshiƙi ta gane saura mita nawa dutsen ya taɓa ƙasan rijiya.

Ƙasar da ke ɗauke da ginin ma ka tuna da ita. Hasumiyar Pisa da ke Italiya ta karkace ne saboda laushin ƙasa a gefe guda, alhali ita ba ta motsi. Ginin da nauyinsa ke yawo daga gabas zuwa yamma sai ya zauna a kan fa, ko a yi masa harsashi mai faɗi ƙwarai.

Daga ƙarshe ka rubuta a gefen takarda wa ke riƙe da sakatar, da abin da zai faru in sarƙa ta tsinke alhali dutse yana sama. A babi na 14 na labarina an kai hari kwana 2 bayan wani biki da sarki ya ɗaga hasumiya don burge baƙi. Aka zare sakata, zauren ya hau mita 6 ya tsaya cak, ƙofarsa tana kallon tsakiyar bango.